Sebastian Coe da Asalin Sunayen Yanka na Turawan Ingila

1.0 Gabatarwa

Hausawa kan ce suna linzami ne, domin da shi ake kiran mutum ya waiwayo ko da yana tsakiyar kasuwa. To amma ban da wannan aiki na yau da kullum, suna yana da wani aiki wanda mai sunan kansa bai cika lura da shi ba, watau adana tarihi. Sau da yawa harshe kan mutu, daula ta rushe, a manta da birnin da ta kafu, amma a tarar da kalma ɗaya daga cikin kalmominta tana nan a bakin iyaye, suna raɗa wa 'ya'yansu ita ba tare da sun san daga inda ta fito ba. Saboda haka ne masana harshe suka ware wa nazarin sunaye fage na musamman, suna bin sawun kowane suna kamar yadda maharbi ke bin sawun nama.

Manufar wannan maƙala ita ce ta bi sawun sunayen yanka na Turawan Ingila, ta nuna rukunonin da suka kasu da zamanin da kowane rukuni ya shigo. Don kada bayanin ya tsaya a kan jerin sunaye kurum, an zaɓi mutum guda ya zama madubi, shi ne Sebastian Coe, shahararren ɗan tseren nan na matsakaicin zango, tare da wasu abokan sana'arsa. An yi amfani da "sunan yanka" a nan don sauƙin fahimta, da nufin sunan da iyaye ke sa wa jariri, wanda ya bambanta da sunan dangi da ake gada daga uba. Su Turawa ba su yanka rago. A al'adarsu ta dā, a coci ake bayyana sunan yaro ranar da aka yi masa baftisma.

2.0 Mai Sunan

An haifi Sebastian Newbold Coe a Landan ranar 29 ga Satumba, 1956, ya kuma tashi a Sheffield, inda mahaifinsa, Peter Coe, wanda injiniya ne, ya zama mai horar da shi. Tseren da ya ƙware a kai shi ne na matsakaicin zango, watau mita 800 da mita 1,500 da kuma mil guda, kimanin mita 1,609 ke nan. Da yake kewayen fili mita 400 ne, mai gudun 800 sau biyu yake zagaya shi, mai gudun 1,500 kuwa sau huɗu ba kwata. Wahalar wannan tsere ita ce yana bukatar abu biyu da ba su cika haɗuwa a jikin mutum ɗaya ba: zafin nama irin na mai gajeren zango, da dogon numfashi irin na mai dogon zango.

A 1979 ne duniya ta san da shi, sa'ad da ya kafa sabon tarihi har sau uku cikin kwana 41, a mita 800 da mil guda a Oslo, sa'an nan a mita 1,500 a Zurik. A wasannin Olamfik na Mosko a 1980, waɗanda Amurka da wasu ƙasashe suka ƙaurace wa saboda shigar sojan Tarayyar Sobiyet cikin Afganistan, ya haɗu da babban abokin hamayyarsa, Steve Ovett. Kowa ya zaci Coe zai ɗauki mita 800, Ovett ya ɗauki 1,500, sai abin ya juye. Ovett ya ci 800, Coe ya zo na biyu. Bayan kwana shida kuma Coe ya ci 1,500, Ovett ya zo na uku. A watan Yuni na 1981, a birnin Florence na Italiya, Coe ya gama mita 800 cikin minti 1 da sakan 41.73, ba a kuwa sami wanda ya wuce wannan ba sai a 1997, lokacin da Wilson Kipketer ya yi. A Los Anjelis a 1984 ya sake cin zinariya a mita 1,500, Steve Cram yana biye da shi. Har zuwa wasannin Faris na 2024 babu wani namiji da ya ci wannan tsere sau biyu a jere sai shi.

Da ya bar gudu sai ya shiga siyasa, ya zauna a Majalisar Wakilai daga 1992 zuwa 1997, aka naɗa shi a Majalisar Dattawa a 2000. Shi ya shugabanci shirya wasannin Olamfik na Landan na 2012, a 2015 kuma aka zaɓe shi shugaban hukumar wasannin guje-guje da tsalle-tsalle ta duniya.

3.0 Asalin Sunan Sebastian

Ko da yake mai sunan Bature ne ɗan Ingila, sunan ba shi da ko ɗigon Ingilishi a cikinsa. Tafiyarsa ta faro ne daga Rum. A shekara ta 27 kafin haihuwar Annabi Isa, majalisar Rum ta ba Octavian, wanda ya zama sarkin daular na farko, laƙabin Augustus, ma'ana abin girmamawa. Mutanen gabashin daular kuwa Girkanci suke ji, saboda haka suka fassara laƙabin zuwa harshensu, suka ce Sebastos, daga wani aikatau mai ma'anar girmamawa tare da jin kwarjini. Masu mulki a lardunan gabas suka shiga sa wa garuruwa sunan Sebaste ko Sebasteia don neman fada wurin sarki. Haka Hirudus ya yi wa Samariya a Falasɗinu, haka kuma aka yi wa wani birni a tsakiyar ƙasar da ake kira Turkiyya a yau, wanda sunansa ya lanƙwashe a bakin mutane ya koma Sivas.

A Latin, idan ana son a danganta mutum da gari sai a liƙa ɗafa-ƙeyar -ianus, kusan irin aikin da ba- ke yi a Bakano ko Bakatsine. Sebastianus ke nan na nufin mutumin Sebaste. Wani abin lura shi ne, laƙabin nan na Augustus shi aka sa wa wata na takwas a shekara ta 8 kafin haihuwar Annabi Isa, shi ne ya biyo ta Ingilishi ya shigo Hausa a matsayin Agusta. Ashe ke nan Sebastian da Agusta 'yan gida ɗaya ne, ɗaya ya bi ta Girkanci, ɗaya ya tsaya a Latin.

Da sunan ya tsaya a nan, da ya mutu tare da daular. Abin da ya raya shi wani soja ne mai suna Sebastianus, wanda aka kashe a Rum wajen shekara ta 288, a zamanin Sarki Diocletian, saboda ya karɓi addinin Kirista. Bisa ga labarin da coci ta adana, an ɗaure shi aka yi masa ruwan kibau amma bai mutu ba, da ya warke ya koma ya fuskanci sarki, sai aka kashe shi da kulake. Ruwayoyin sun danganta shi da Milan da Narbonne, babu wadda ta kai shi Sebaste. Wannan ya nuna tun a ƙarni na 3 sunan ya riga ya rabu da ma'anarsa ta asali, ya zama suna kurum.

Kiristocin Turai suka ɗauke shi waliyyi, suka keɓe masa ranar 20 ga Janairu. Da yake mutanen dā suna kamanta annoba da kibau masu saukowa daga sama, sai suka riƙa kamun ƙafa da shi a lokacin cuta, musamman bayan babbar annobar da ta auka wa Turai daga 1347 zuwa 1351, wadda ta hallaka aƙalla sulusin mutanenta. Ta haka sunan ya bazu a Italiya da Sifen da Fotugal da Faransa da Jamus. Sarkin Fotugal Sebastião ya sami sunansa ne don an haife shi ranar waliyyin, 20 ga Janairu, 1554, irin dai yadda ake samun Ɗanjuma ko Talatu ko Azumi. Shi ne ya mutu a yaƙin Wadil Makhazin a Maroko a 1578, yaƙin da ya ɗora Ahmad al-Mansur a gadon sarauta, wanda rundunarsa ta rushe daular Songhai a 1591. A Jamus kuma akwai mashahurin mai tsara kiɗa, Johann Sebastian Bach. A Ingila kuwa sunan bai yi yawa ba, ko da yake Shakespeare ya sa wa mutum biyu shi a wasanninsa. Dalilin wannan ƙaranci zai fito a gaba.

4.0 Sunayen Gida da Sunayen Mayaƙa

Kafin 1066 mutanen Ingila suna da nasu tsarin raɗa suna. Sukan haɗa kalma biyu na tsohon Ingilishi su ƙera suna guda. Alal misali, Edward ya ƙunshi ead, watau arziki, da weard, mai tsaro. Edmund kuwa arziki ne da kariya, Alfred kuma aljani da shawara. Mai jin harshen a wancan zamani yana iya rarrabe sassan sunan da kunnensa.

A ranar 14 ga Oktoba, 1066, William na Normandi ya ci Ingila da yaƙi a Hastings, ya raba ƙasar ga mutanensa. Normawa Faransanci suke yi, amma sunayensu na tsoffin ƙabilun Jamus ne waɗanda bakin Faransawa ya goge. William haɗin nufi ne da kwalkwali, Robert shahara da haske, Richard mulki da ƙarfi, Henry gida da mulki. Ba wata doka da aka kafa ta hana sunayen gida, amma da yake sarauta da filaye da manyan muƙaman coci duk sun koma hannun baƙi, sai iyaye suka ga sunan mai mulki ya fi buɗe wa yaro ƙofa. Cikin ƙarni biyu yawancin tsoffin sunayen suka ɓace. Edward da Edmund sun tsira ne don sarakuna ne da coci ta ɗauka waliyyai, Sarki Henry na Uku kuma ya sa wa 'ya'yansa biyu sunayensu, ciki har da magajinsa da aka haifa a 1239. Alfred kuwa sai a ƙarni na 18 da na 19 aka tono shi daga littattafan tarihi.

Misalin wannan rukuni a fagen tsere shi ne Roger Gilbert Bannister, wanda ya fara gama mil guda cikin ƙasa da minti huɗu. Ya yi haka a Oxford ranar 6 ga Mayu, 1954, cikin minti 3 da sakan 59.4, yana ɗalibin likita. Sunayensa biyu duk Normawa suka kawo su. Roger ya fito daga hrod, shahara, da ger, mashi. Gilbert kuma jingina ne da haske.

5.0 Sunayen Coci

Rukuni na uku ya shigo ta hanyar addini, ya kuma yi ƙarfi daga ƙarni na 12 zuwa na 13, sa'ad da aka shiga sa wa yara sunayen manzanni da waliyyai. Cikakken sunan abokin hamayyar Coe, Stephen Michael James Ovett, ya isa misali, domin duka ukun daga nan suke.

Stephen daga Girkanci yake, stephanos, watau kambin ganye da ake ɗora wa wanda ya yi nasara a ka. A wasannin Olamfiya na dā da ganyen zaitun ake saƙa shi. Sunan ya bazu ne saboda Istifanus, wanda Kiristoci ke ɗauka shi ne na farko da aka kashe saboda addininsu, aka jefe shi a Ƙudus. Ingila ta yi sarki mai wannan suna daga 1135 zuwa 1154. Sauran biyun kuwa ba baƙi ba ne ga kunnen Bahaushe. Michael daga Ibrananci yake, asalinsa tambaya ce mai nufin wane ne kamar Allah, shi ne sunan mala'ikan da ya zo wa Hausa ta Larabci a matsayin Mika'ilu. James kuma ya fi kowane ɓad da kama. Ya'aƙob na Ibrananci ya zama Iakobos a Girkanci, ya zama Iacobus a Latin, daga baya harafin b ya koma m aka sami Iacomus, Faransancin dā ya taƙaita shi, Ingilishi ya karɓa. Wannan suna dai shi ne ya bi ta Larabci ya zama Yakubu. Haka abin yake tsakanin David da Dauda, Joseph da Yusufu, Mary da Maryamu: tushe ɗaya, hanya biyu.

A 1534 Sarki Henry na Takwas ya raba cocin Ingila da Paparoma, daga nan darajar waliyyai ta soma raguwa a ƙasar. Sunayen da ke cikin Littafi Mai Tsarki, irin su Stephen da John da James, ba abin da ya same su, amma na waliyyan da babu su a cikinsa suka ja baya. Wannan yana daga cikin dalilan da suka sa Sebastian ya kasance gama-gari a ƙasashen Katolika, ya zama bāƙo a Ingila. A madadinsu, masu tsananta tsarkake addini da ake kira Furitan suka koma ga Tsohon Alkawari suna ɗebo Abraham da Isaac da Samuel da Sarah, suka kuma riƙa mai da kyawawan halaye suna, kamar Faith da Hope da Patience, watau imani da fata da haƙuri. Masu yaɗa addinin Kirista sun kai irin waɗannan sunaye Afirka, shi ya sa 'yar Kenya da ta ci mita 1,500 a wasannin Olamfik uku a jere, na Riyo da Tokiyo da Faris, take amsa sunan Faith Kipyegon.

6.0 Sunan Dangi da Sunan Wasa

Sunan Coe na tsakiya, Newbold, na rukuni na huɗu ne. A tsohon Ingilishi yana nufin sabon gini, shi ne sunan ƙauyuka da dama a Ingila. Mutumin da ya fito daga ɗayansu sai a riƙa kiransa da shi, 'ya'yansa su gada ya zama sunan dangi, daga baya kuma wani ya ɗauko shi ya sa wa ɗansa don kada a manta da wani reshe na zuriya. Masanin tarihi William Camden ya ambaci wannan al'ada a littafinsa na 1605. Ta wannan hanya ce Percy da Sidney da Howard suka zama sunayen yanka, haka ma Kelly, wanda asalinsa sunan dangi ne na mutanen Ayalan, sunan Kelly Holmes da ta ci mita 800 da 1,500 a Atina a 2004.

Akwai kuma tafiya ta baya-baya, inda sunan yanka ke komawa sunan dangi. A ƙarshen ƙarni na 14 takardun haraji sun nuna a wasu gundumomi kusan sulusin maza John ake ce da su, saura kuma yawancinsu William ne ko Thomas ko Richard ko Robert. Inda suna ya yi wa mutane yawa haka, dole a nemi hanyar rarrabewa, kamar yadda Abubakar ke zama Habu ko Bukar ko Garba, A'ishatu ta zama Shatu ko Indo. Turawan Ingila sukan gutsure sunan, wani lokaci su sauya baƙin farko. Richard ya ba da Dick, Robert ya ba da Hob da Dob, Roger ya ba da Hodge. Aka ƙara wa Hodge ɗafa-ƙeyar ƙanƙantarwa ya zama Hodgkin, ɗansa kuma Hodgkinson. Saboda haka Keely Hodgkinson, wadda ta ci zinariya a mita 800 a Faris a 2024, tana ɗauke da sunan Roger a ɓoye cikin sunan danginta. Seb da Steve da 'yan jarida ke kiran waɗancan gwanaye da su ci gaban wannan tsohuwar al'ada ce.

7.0 Suna da Rabo

A nan akwai wani rami da mai nazari ke iya faɗawa. Ga mutum biyu masu sunan kambin nasara, Ovett da Cram, duk sun yi nasara. Ga mai sunan shahara, Bannister, ya shahara. Ga Sebastian, wanda a zamanin nan ake ɗaukar waliyyinsa majiɓincin 'yan wasa, ya ci zinariyarsa biyu a watan Agusta, ɗan'uwan sunansa. Wanda bai yi hattara ba sai ya ce ai suna ne ya bi su.

Amsar wannan tana cikin lissafi. A shekarun 1950 da 1960, lokacin da aka haifi Ovett da Cram, Stephen yana cikin sunaye goma da aka fi sa wa yara maza a Ingila, don haka samun mutum biyu masu wannan suna a kowace sana'a ba abin mamaki ba ne, dubban takwarorinsu kuwa ba su taɓa taka filin tsere ba. Yuli da Agusta su ne tsakiyar lokacin wasanni a Turai da Amurka, dole yawancin nasarori su faɗo a cikinsu. Bugu da ƙari, kusan duk sunayen yanka ma'ana mai kyau gare su, tun da ba uban da ke so ya yi wa ɗansa mugun baki. Duk wanda ya yi fice, in an tona sunansa, za a sami abin da ya dace da shi. Abin da ya kai Coe ga nasara sananne ne, watau baiwa da horon shekaru a tuddan Sheffield.

8.0 Kammalawa

An ga cewa sunayen yanka na Turawan Ingila sun taru ne daki-daki: na tsohon Ingilishi, na Normawa bayan 1066, na coci kafin 1534 da bayanta, sa'an nan sunayen dangi da aka mai da na yanka. Kowane daki yana nuna wanda ke da iko ko daraja a idon iyaye a zamaninsa. Daga tafiyar sunan Sebastian kuma ana iya tsamo ƙa'idoji uku na wannan nazari. Na farko, a nemi siffar sunan mafi tsufa da aka rubuta, kada a dogara da kamannin sauti na yau, domin James bai yi kama da Yakubu ba alhali su ɗaya ne. Na biyu, a bi sauye-sauyen sauti mataki-mataki daga harshe zuwa harshe. Na uku, a binciki mutumin da ya ɗauki sunan ya yaɗa shi, domin galibi darajar wani sarki ko waliyyi ko gwarzo ce ke sa a yi takwara da shi, bayan an daɗe da manta ma'anar kalmar. Waɗannan ƙa'idoji ba su keɓanta da Ingilishi ba, suna aiki a kan sunayen kowace al'umma da ta yi cuɗanya da wasu ta hanyar yaƙi ko ciniki ko addini.